Tambaya da Amsa: Tsohon Batman na 1986 da abin da ya biyo bayansa

Wasiƙun wannan makon kusan duk a kan littafi ɗaya suka taru, wato *The Dark Knight Returns* na Frank Miller, labarin zanen da kamfanin DC ya fitar a Amurka a 1986. Na zaɓi biyar, na taƙaita waɗanda suka yi tsawo. Tun da wuri in ja kunne: babu yadda za a yi in amsa tambayoyin nan ban tona ƙarshen labarin ba. Wanda bai karanta ba, kuma ba ya son a riga shi, ya ajiye shafin nan sai ya karanta.

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na karanta *The Dark Knight Returns* a zama ɗaya, har yanzu bai bar raina ba. Da na bincika sai na ga ashe akwai na biyu da na uku, har da wasu ƙanana. Abokina da ya ara mini ya ce kada in kusance su, wai za su zubar mini da darajar na farkon. In bi maganarsa ko in karanta?

Amsa: Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Ka karanta, amma bari in gaya maka abin da za ka tarar.

Mu fara da abin da ya kama ka a na farkon, don da shi za ka auna sauran. An haifi Miller a 1957, shi kuwa Batman tun da ya fito a 1939 aka tsayar masa da shekaru a wajen talatin. Miller ya sha faɗa cewa abin da ya dame shi shi ne ya ga shekarunsa na shirin wuce na jarumin da ya taso yana yi wa kallon babba. Sai ya ɗauko Bruce Wayne, wato Batman idan ya tuɓe rigar, ya ɗora masa shekara 55, ya sa ya yi shekara goma da ajiye rigar, ya tara gashin baki, yana shan giya, yana tseren mota kamar mai neman ajalinsa. Duk ƙarfin littafin daga nan yake fitowa: jiki ya gaji, zuciya ta ƙi yarda.

Koma ka sake duba faɗa biyun da ya yi da shugaban 'yan dabar nan da ake kira Mutants. A na farko, can a juji, yana zaune cikin motarsa mai sulke, ba abin da zai same shi. Girman kai ne ya fito da shi, don yana son ya san ko har yanzu zai iya da saurayi mai jini a jika. Bai iya ba. An karya masa hannu, an yi masa jina-jina, kuma da ba don wata yarinya 'yar shekara 13 mai suna Carrie Kelley ta faɗo cikin faɗan ba, da labarin ya ƙare a fitowa ta biyu. A karo na biyu sai ya janyo shi cikin ramin taɓo, inda laka ta riƙe ƙafafun kowa, saurin yaron ya tashi a banza. Ya tsaga masa goshi daidai saman ido don jini ya rufe masa gani, ya bugi jijiyar da ta kashe masa hannu, sannan ya karya shi a gaban yaransa suna kallo. Tsohon ya yi nasara ne a ranar da ya yarda ya yi faɗa irin na tsoho. Haka littafin yake tafiya har ƙarshe, inda zuciyarsa ta tsaya ana tsakiyar faɗa da Superman, aka kai shi kabari, Superman ya ji bugun zuciya daga ƙarƙashin ƙasa, ya ƙifta wa Carrie ido ya yi tafiyarsa. Shafin ƙarshe Bruce ne a cikin kogo, ba riga ba fuskar jemage, yana koyar da matasa. Labari ne da ya rufe ƙofarsa da kansa.

Bayan shekara 15 Miller ya dawo da *The Dark Knight Strikes Again*, fitowa uku, tsakanin 2001 da 2002. Labarin ya ɗora ne shekara uku bayan na farkon. Shugaban Amurka a ciki hoto ne kawai da kwamfuta ta ƙirƙira, Lex Luthor, abokin gābar Superman, shi ke juya shi, wani maƙiyin nasa kuma, Brainiac, yana riƙe da Kandor, birnin nan na mutanen Krypton, duniyar su Superman, da aka ƙanƙance aka sa a kwalba, don Superman ya kasa motsi. Aikin Batman shi ne ya bi tsofaffin jarumai ɗaya bayan ɗaya yana kwance su. Atom an kulle shi a ɗan farantin ɗakin gwaji yana kokawa da ƙwayoyin halitta, Flash an sa shi gudu cikin wata ƙatuwar taya yana samar wa ƙasa wutar lantarki. Waɗannan shafukan ina ƙaunarsu, akwai murna a cikinsu, murnar mutumin da ya tuna abin da ya sa ya so waɗannan jarumai yana yaro.

Sai dai idonka zai yi mamaki. A na 1986 Klaus Janson ne ya bi zanen Miller da tawada, Lynn Varley ta sa launi da hannu, launi mai sanyi, toka-toka da shuɗi, kuma an yanka yawancin shafuka a kan tsarin gida goma sha shida, abin da ya sa kake jin birnin ya matse ka. A na biyun babu Janson, zanen ya zama manyan hannuwa da manyan takalma, bayan hoton sau da yawa fayau, Varley kuma ta koma kwamfuta da launuka masu kashe ido. Harin 11 ga Satumba na 2001 ya faɗo Miller yana tsakiyar aikin, kuma za ka ji yadda labarin ya canza murya daga baya, da birnin Metropolis cikin ƙura da baraguzai. Abin da ya fi ɓata mini rai a ciki shi ne abin da aka yi da Dick Grayson, Robin na farko, wato yaron da ke taimaka wa Batman, wanda aka mayar mahaukacin makashi, Batman kuma ya yi masa magana cikin wulakanci kafin ya halaka shi. Mutumin da ya ajiye rigar Jason Todd, Robin na biyu da ya mutu, a cikin gilashi shekara goma saboda baƙin ciki, ban gane shi a wannan shafin ba. Kuma gwiwarsa ta daina ciwo. Tsufan da aka gina littafin farko a kai ya ɓace.

Na uku, *Dark Knight III: The Master Race*, fitowa tara ne daga 2015 zuwa 2017. Miller ya rubuta tare da Brian Azzarello, Andy Kubert ya zana, Janson ya dawo. Ya fi na biyun tsari nesa ba kusa ba, kuma ya fi sauƙin bi. An mayar da wasu masu tsattsauran aƙida daga Kandor girmansu na asali, ƙarƙashin wani mai suna Quar, suka ce duniya ta durƙusa musu. Abu mai kyau a ciki shi ne an wanke Superman, an nuna cewa haƙurinsa ba tsoro ba ne. Amma kusa da ƙarshe Bruce ya mutu, Superman ya ɗauke shi ya tsoma a ramin Lazarus, ruwan nan da ke tayar da matacce, ya fito saurayi gar da baƙin gashi. A nan na rufe littafin na daɗe ban buɗe ba. Miller ya ba Batman abin da ba kasafai ake ba shi ba, wato furfura da ƙarshe, sai ga shi an karɓe duka biyun a shafi ɗaya.

Cikin ƙananan, wanda zan ce lallai ka nema shi ne *The Last Crusade* na 2016, zanen John Romita Jr. Fitowa ɗaya ce, ta koma baya zuwa kwanakin ƙarshe na Jason Todd. Bruce ya fara jin jikinsa, yana neman magaji, yana kuma lura da cewa yaron nan yana jin daɗin dukan mutane fiye da kima. Shi ne kaɗai ya sake taɓa jijiyar littafin farko. *The Golden Child* na 2019 kuwa don zanen Rafael Grampá za ka duba shi.

Tsoron abokinka na fahimce shi, amma ba ni tare da shi. Shafukan 1986 suna nan yadda aka buga su, ba wanda ya goge layi ɗaya. Idan ka ga inda na baya suka yi tuntuɓe, za ka ƙara gane abin da na farkon ya yi daidai.

Tambaya: Malam, ni abin da ya ɗaure mini kai shi ne: shin wannan ne ainihin ƙarshen Batman? Idan shi ne, me ya sa a mujallun da ke fitowa wata-wata har yau bai tsufa ba? Idan kuma ba shi ba ne, me ya sa nake ganin abubuwan cikinsa a sauran labaran?

Amsa: Ƙanena, ba shi ba ne, kuma DC ba ta taɓa ɗaukarsa a matsayin makomar da dole a isa ba. Manyan jaruman zane na Amurka mallakar kamfani ne. Marubuta suna zuwa suna tafiya, jarumi yana nan, kuma kamfanin ba zai bar Batman ya kai shekara 55 a babban zaren labari ba, don ranar da ya kai, kasuwa ta kusa tashi. Saboda haka lokaci a can yana tafiya ne a hankali ƙwarai, ana yi ana jawo tarihin jarumin gaba. Littafin Miller an ajiye shi gefe, a matsayin abin da zai iya faruwa. Daga baya, a 2007, da DC ta sake rarraba labaranta zuwa duniyoyi 52, ta ba duniyar Miller lamba ta 31.

Amma tambayarka ta biyu ita ce mai daɗin, don wannan labari na gefe ya yi ta jan babban zaren zuwa wajensa. Ka tuna lokacin da ya fito. Tsakanin 1985 da 1986 DC ta yi *Crisis on Infinite Earths*, fitowa 12 na Marv Wolfman da George Pérez, inda ta rushe tarin duniyoyinta ta mayar da su ɗaya, ta ce kowane jarumi a sake ba da asalinsa. Wa aka ba na Batman? Miller. Ya rubuta *Year One* a 1987, a mujallar *Batman* lamba 404 zuwa 407, David Mazzucchelli ya zana. Wannan ya zama asalin Batman na hukuma shekaru da dama. Ka ga ke nan mutum ɗaya ya rubuta farko da ƙarshe, aka karɓi farkon a hukumance, aka bar ƙarshen a waje. Dole mai karatu ya riƙa jin kamar hanya ɗaya ce.

Ga misali biyu da za su nuna maka yadda abin ke cakuɗewa. A 1986 Jason Todd yana raye, shi ne Robin a mujallun wata-wata. Miller ya nuna rigarsa a cikin akwatin gilashi a kogon Batman, bai ma faɗi yadda ya mutu ba. Bayan shekara biyu, a 1988, DC ta yi *A Death in the Family*, ta ba masu karatu lambobin waya biyu su zaɓa ko yaron ya rayu ko ya mutu. Kira 5,343 suka ce ya mutu, 5,271 suka ce ya rayu, bambancin ƙuri'a 72. Joker, babban maƙiyin Batman, ya kashe shi, akwatin gilashin nan kuma ya shigo babban zare ya zauna a kogon. Abin da Miller ya yi hasashe ya tabbata. To amma a 2005 aka dawo da Jason da rai da sunan Red Hood, hanyar ta sake rabuwa.

Na biyu ita ce Sarah. A littafin 1986 Kwamishinan 'yan sanda Gordon yana da shekara 70, yana shirin ritaya, kuma duk lokacin da abu ya yi tsanani sunan matarsa Sarah yake ambata a ransa. A *Year One* sai Miller ya nuna mana inda ta fito: 'yar sanda ce mai bincike, Sarah Essen, wadda Gordon ya so alhali yana da aure. Marubutan baya suka ɗauke ta, suka aura masa ita. Sannan a ƙarshen dogon labarin *No Man's Land*, wanda ya cinye shekarar 1999, Joker ya harbe ta tana ƙoƙarin ceton jarirai. Daga ranar babban zaren ba zai iya kaiwa ga littafin Miller ba, don a can tana raye tana jiran mijinta a gida.

Shi kansa Miller yana da nasa lissafin. A wajensa *Year One*, da *All Star Batman & Robin* wanda Jim Lee ya zana fitowa goma daga 2005 zuwa 2008 ba a kammala ba, da littattafan *Dark Knight*, duk rayuwar mutum ɗaya ce. Ni dai na kasa haɗa Bruce mai tawali'u na *Year One* da na *All Star* wanda ya bar yaro maraya a kogo ya ce ya ci ɓera in yunwa ta dame shi. Shawarata gare ka, ka riƙa tambayar wa ya rubuta, a wace shekara, kafin ka tambayi wace duniya ce.

Tambaya: Malam barka da aiki. Ni mace ce mai son labaran zane, kuma Carrie Kelley ce ta sa na so littafin nan. Ina ta shiga? Me ya sa ba a ganinta a sauran labaran Batman?

Amsa: Barka kadai 'yar'uwa. Na ji daɗin wasiƙarki, don ni ma a ganina Carrie ce mafi kyawun abin da Miller ya ƙirƙira a littafin, kuma ita ce aka fi mantawa idan ana lissafa gadonsa.

Dubi yadda aka shigo da ita. Ba a kashe iyayenta ba, ba ta da fansar da za ta ɗauka. Iyayen suna nan a gida, ba ma ganin fuskarsu, sai hayaƙi da hirar zamanin ƙuruciyarsu, har akwai inda ɗaya ke tambayar ɗaya ko ba su da 'ya ne. Batman ya cece ta wani dare, sai ta tara kuɗin abincinta na makaranta ta sayi rigar Robin, ta hau rufin gidaje da gilashinta kore da danƙon harbi. Ba wanda ya kira ta, ita ta zaɓi kanta. Ita ta ɗaure masa karyayyen hannu a cikin mota, ita ta iya na'urorin da shi ya tsufa bai saba da su ba. Duk inda ta shigo shafi, duhun littafin sai ya ɗan yaye. Ba a taɓa samun mace da ta riƙe matsayin Robin sosai kafin ita ba.

A ci gaban labarin ba a yar da ita ba, kuma wannan yana cikin abin da nake yaba musu. A na biyu ta zama Catgirl, ita ke jagorantar matasan Batman a fagen fama. A na uku ita ta fara sa rigar Batman ɗin kanta lokacin da aka ɗauka Bruce ya mutu, a ƙarshe ta zama Batwoman. Idan akwai zaren da ya tafi daidai daga 1986 zuwa 2019, nata ne.

A babban zare kuwa wurin ya cika. Tim Drake ya shigo a 1989, Stephanie Brown ta riƙe rigar na ɗan lokaci a 2004, Damian ɗan Bruce ya zo a 2006. An leƙo da Carrie a 2013 a mujallar *Batman and Robin*, a matsayin ɗalibar jami'a mai koya wa Damian wasan kwaikwayo, amma abin bai yi nisa ba. Ban yi baƙin ciki sosai ba. Carrie ta yi haske ne saboda tana tsaye kusa da tsoho mai buƙatarta. Kusa da Batman ɗan shekara talatin da wani abu, mai mataimaka ko'ina, da wuya ta sami aikin da ya kai wancan.

Tambaya: Malam, mun yi musu da yayana. A fim ɗin *Batman v Superman* Batman yana kashe mutane da bindiga, yayana ya ce ai daga littafin Miller aka ɗauko, don haka daidai ne. Gaskiya ne?

Amsa: Ka gaishe da yayanka, ka ce rabin maganarsa gaskiya ce. Fim ɗin Zack Snyder na 2016 ya ɗauko sulken ƙarfe, da ƙaton jiki, da gajerun kunnuwan rigar, da faɗan da aka yi da taimakon kryptonite, dutsen da ke raunana Superman. Kisan kuwa bai samo shi a can ba.

Ku buɗe littafin tare. Motar yaƙin da ya shiga juji da ita harsashin roba take harbawa. A fitowa ta huɗu, bayan makamin nukiliyar Tarayyar Sobiyet ya kashe wutar lantarki, Gotham, birnin Batman, ta rikice, Batman ya zo a kan doki ya tarar da matasan da ke kiran kansu 'ya'yansa sun ɗauko bindigogi. Ya karɓi ɗaya ya karya ta a gabansu, ya ce wannan makamin maƙiyi ne. Sai kuma Joker. Mutumin nan ya kashe ɗaukacin 'yan kallo a ɗakin talabijin, ya kashe yara a wurin wasa, Batman ya bi shi yana rantsuwa a ransa yau zai gama da shi. Ya kama wuyansa ya murɗa, amma ya tsaya, ya bar shi a shanye da rai. Joker ne ya ƙarasa karya wuyan kansa yana dariya, don a ɗora wa Batman laifin. Akwai hoto ɗaya da masu karatu suka daɗe suna musu a kai, inda ya harbi wani ɗan daba da ke riƙe da ƙaramin yaro, amma ku lura da jerin tuhumar da sabuwar kwamishina Ellen Yindel ta karanta a kansa: babu kisan kai a ciki sai bayan an tsinci gawar Joker.

Faɗan da Superman ma ba iri ɗaya ba ne. A littafin abokai ne na shekaru masu yawa, suna kiran juna Clark da Bruce, kowa ya san abin da ɗan'uwansa ya sadaukar. Ɗaya ya yarda ya yi wa gwamnati aiki a ɓoye don a bar shi ya ci gaba da ceton rayuka, ɗaya ya ƙi. Superman bai zo da niyyar kisa ba, yana ma sauraron zuciyar Bruce cikin damuwa suna faɗan. A fim ɗin kuwa baƙin juna ne. An ɗauko hoton an bar tarihin da ya ba shi nauyi.

Wannan ita ce matsalar gadon littafin gaba ɗaya. Kafin 1986 yawancin mutanen Amurka Batman ɗin da suka sani shi ne na wasan talabijin na Adam West, 1966 zuwa 1968, mai ban dariya, duk da cewa Dennis O'Neil da Neal Adams sun fara mayar da shi cikin duhu tun shekarun 1970. Littafin Miller ne ya fito da wancan duhun idon duniya. An buga shi a takarda mai kyau ana sayar da kowace fitowa dala 2.95 a lokacin da mujallar zane ta yau da kullum take santi 75, da aka haɗa shi littafi guda kuma ya shiga shagunan littattafai tare da *Watchmen* da *Maus*, manya suka fara karantawa ba kunya. Ya share wa fim ɗin Tim Burton na 1989 hanya. Waɗannan duk alheri ne. Amma masu kwaikwayo sun yi kamar wanda ya ga tuwo ya yi daɗi ya ɗauka sirrin a ƙanzo yake. Shekarun 1990 suka cika da jarumai masu cije haƙora da manyan bindigogi, ba tsufa, ba Carrie, ba iyakar da ba a ƙetarewa. Har sai da DC ta mayar da martani da *Knightfall* a 1993, inda Bane ya karya bayan Bruce, wani mai suna Jean-Paul Valley ya sa rigar ya zama mugu, don masu karatu su ga Batman marar tausayi da idonsu su gane ko shi suke so.

A cikin finafinai, *The Dark Knight Rises* na Christopher Nolan a 2012 ya fi kusa da ruhin littafin, da Bruce mai dogara sanda bayan shekara takwas a ɓoye. Idan kuma labarin kansa kuke so a allo, akwai fim ɗin zane mai kashi biyu na 2012 da 2013, wanda Peter Weller ya yi muryar Batman. Ku kalle shi tare ku ƙarasa musun.

Tambaya: Ɗana ɗan shekara 11 ba shi da magana sai Batman. An ce mini wannan ne littafin da ya fi kowanne. In saya masa?

Amsa: A'a Hajiya, ki dakata tukuna. Akwai jini da yawa a ciki, akwai kisan yara, akwai tsiraici da maganganun manya, sannan rabin littafin muhawarar siyasar Amurka ce ta zamanin Reagan a allon talabijin, wadda yaro ba zai gane ba. Ko an cire duk wannan, labari ne a kan tsufa, kuma sai wanda ya fara sanin Batman saurayi zai ji zafinsa.

Ki nema masa *Batman: The Animated Series*, zanen talabijin da ya fara a 1992 da muryar Kevin Conroy, da mujallar *The Batman Adventures* da aka yi a kan salonsa. An yi su don yara ba tare da an raina musu hankali ba, ke ma za ki iya zama ki kalla tare da shi. Idan ya kai shekara 16 ko 17, ki fara ba shi *Year One*, in ya gama sai ki miƙa masa na 1986.